Bishiyar da ke cin lokaci: kimiyya za ta yarda?

Maman Ilham: Salamu alaikum 'yan'uwa marubuta. Ku duba min abin da nake ginawa a sabon labarina. Wata ƙasa ce da rana ba ta fitowa sam, amma ga daji kore shar. Bishiyoyin ba haske suke sha ba, lokaci suke ci, ganyensu ya mayar da shi abinci. Ni dai a ganina wannan bai saɓa wa kimiyya ba.

Malam Bala: Wa alaikumus salam. Hajiya, labarinki ne, ba mai hana ki. Maganarki ta ƙarshe ce ban yarda da ita ba, kuma aikin da nake koya wa yara ke nan. Ganye yana jawo ruwa ta saiwa, ya zuƙi iskar kabon, ya fasa ruwan da ƙarfin haske, ya haɗa sukari, ya saki oksijin. Tun 1779 wani masanin kimiyya mai suna Jan Ingenhousz ya nuna cewa ganyen da aka nutsa a ruwa yana fitar da kumfa a rana, ya daina a inuwa. Haske makamashi ne. Lokaci kuwa ma'auni ne kawai, awa ba ta tafasa ruwa.

Auwal: Allah ya gafarta Malam, ai ba duk mai rai ne ke jiran rana ba. A 1977 an gano dogayen tsutsotsi a ƙasan teku kusa da tsibiran Galafagos, inda haske ba ya kaiwa. Bakteriya ce ke haɗa musu abinci daga wani sinadari mai warin ruɓaɓɓen ƙwai.

Malam Bala: Ka ƙara min hujja, Auwalu. Sinadarin nan yana ɗauke da makamashi. Me ke cikin minti ɗaya da ganye zai tsotsa?

Injiniya Habu: Ku bar ni in sa baki. Ruwan da ke kwance a dam ɗin Dadin Kowa ba ya ba da wuta don kawai shi ruwa ne, sai ya gangaro daga sama zuwa ƙasa ya juya injin. Bambancin tsayi ake ci. To lokaci ma ba gudu ɗaya yake yi a ko'ina ba. Agogon taurarin GPS yana riga na ƙasa da kusan kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa a kullum, kuma dole a gyara lissafin, in ba haka ba taswirar wayarka ta ɓatar da kai. Hajiya, ki sa lokaci ya fi sauri a ƙololuwar bishiyar, ya yi nauyi a saiwa. Bambancin nan shi ne abincinta.

Maman Ilham: Kai, Injiniya, Allah ya saka da alheri! Shi ya sa za su yi tsawo ke nan, kowacce na neman ta wuce 'yar'uwarta.

Malam Bala: Dabara ce mai kyau, na yaba. Amma a duniyarmu ƙarfin jan ƙasa da gudu ne ke kawo wannan bambancin, kuma tsakanin saiwa da reshe bai kai a ambata ba. Kun dai sauya wa abin suna.

Anti Hauwa: Ni makaranciya ce, lissafinku bai dame ni ba. Tambayata ɗaya: lokacin wa take ci? In bishiya ta ci, wani ya rasa. Mai gona a kusa da ita zai tsufa da wuri? Yarinya ta je itace ta dawo da furfura? Ko kuwa a ƙarƙashinta lokaci ke ƙaranci, nono ya yi wata bai yi tsami ba, sarki ya kewaye ta da ganuwa ya hana talaka zama? In ba ki amsa wannan ba, ƙanwata, bishiyar ado ce kawai, shafi na uku zan rufe littafin.

Auwal: Ta biyun ta fi daɗi. A yi yaƙi a kan inuwa.

Injiniya Habu: A'a, ta farkon ce ta dace da lissafi. Dole a ga wanda ya biya.

Ustaz Kabiru: Ina bin ku tun ɗazu. Tunatarwa kawai: ya zo a hadisi cewa kada a zagi zamani. Ki kula kada bishiyar ta zama mai rage ajali ko ƙara shi da ikon kanta.

Maman Ilham: Na gode, Ustaz. Halitta ce kamar sauran halittu, sababi ne kawai, haka zan rubuta. Anti, na ɗauki furfurar nan, a babi na biyu za ki same ta. Malam Bala, yanzu fa ka yarda?

Malam Bala: Da labarin na yarda, ni zan fara saye. Amma kada in ga an rubuta a bangon littafi wai kimiyya ta tabbatar, don ɗalibaina za su kawo min shi a jarrabawa.

Auwal: Ba a amsa ɗaya ba tukuna. Namu ganyen oksijin yake fitarwa. Wannan in ya gama cin lokacin, me yake fitarwa?