Wai ministan lafiya ɗan ci-rani ne?

Mai Shayin Tasha: Salamu alaikum jama'a. Yau raina a ɓace yake wallahi, ku bar ni in amayar ko na ji sanyi. Daren Talata naƙuda ta kama maiɗakina, tun bayan isha'i ake abu ɗaya har aka kira assalatu, muka kwashe ta a adaidaita sahu zuwa wani asibitin gwamnati da ba zan kama sunansa ba. Likita ya duba ya ce sai an yi aiki. Kafin a taɓa ta aka miƙo min takarda doguwa kamar lissafin kayan lefe, safar hannu, auduga, ledar ruwa, zaren ɗinki, allurai, har man janareto sai da aka ce a kawo gudummawa. Babur ɗina na jinginar wa mai kantin unguwarmu ƙarfe shida na safe, mutumin ko wanke ido bai yi ba. Ni kuma da kunnena na ji a rediyo tun watan Nuwamban 2024 ministan lafiya Farfesa Muhammad Ali Pate ya ce tiyatar haihuwa ta zama kyauta. To ina kyautar take? Ko da yake me za ka tsammata daga ɗan ci-rani, wanda sai an buga gangar zaɓe ko an zo rabon muƙami ake ganin ya sauko daga jirgi.

Ɗan Misau: Wa kake kira ɗan ci-rani?? Malam ka iya bakinka. Mutumin da aka haifa a Misau a 1968, ya yi karatun likita a ABU Zariya, masarautar Misau ta naɗa shi Chigari, shi ne ɗan ci-rani? Ka taɓa jin an naɗa wa ɗan ci-rani rawani?

Na Aminu Har Gobe: Ai rawani ba ya hana hawa jirgi. Lissafa mana kai da kanka. Gambiya, Amurka, Bankin Duniya, ya dawo, ya koma jami'ar Duke, ya koma Bankin Duniya, ya wuce Harvard, ya sake dawowa. In wannan ba ci-rani ba ne to menene sunansa, yawon buɗe ido?

Bamaradiya: Ku dakata. Ni fa ba ruwana da ministanku, daga Maraɗi nake, amma tun yaushe ci-rani ya zama zagi? Babana shekara da shekaru da an gama girbin hatsi yake ɗaukar buhunsa ya nufi Kano, wani lokaci har Ikko, yana ga-ruwa yana gadi, damina na faɗuwa ya dawo gona. Da wannan kuɗin aka rufa mana ɗaki da kwano, da shi aka aurar da yayyena. Yanzu kun ɗauki kalmar kuna jifan juna da ita kamar wata ƙazanta, haba.

Na Aminu Har Gobe: Allah ya huci zuciyar Hajiya, ba babanki muke nufi ba. Shi babanki ai damina yake dawowa ya yi noma. Wannan kuwa kaka yake dawowa, lokacin da amfani ya nuna.

Ɗan Misau: Ƙarya kake wallahi. Wace kaka? A 2008 da marigayi 'Yar'aduwa ya ba shi hukumar kula da lafiya a matakin farko, ka san halin da ake ciki da shan inna? A shekarar yara kusan 800 cutar ta kama a Najeriya, duniya na nuna mu da yatsa, a Arewa mutane na ɓoye 'ya'yansu a bayan rumbu in sun hango masu ɗigo. Shi ya bi sarakuna, daga Sarkin Musulmi har hakimai da dagatai da masu unguwanni, aka shigo da su cikin aikin. Zuwa 2010 adadin ya sauko 21. Daga kusan 800 zuwa 21! Wannan kaka ce ko tsakiyar bazara?

Malamin Lissafi: Alƙalumanka daidai ne amma ka tsaya a inda ya yi maka daɗi. A 2011 ta koma 62, a 2012 ta haura 122, kuma lokacin shi ne ƙaramin ministan lafiya a gwamnatin Jonathan. In za ka ba shi ladan sauka, to ka ba shi alhakin hawa. Ni ban ce bai yi aiki ba, lissafi ne dai ba ya son a yanke shi a tsakiya.

Ɗan Misau: Lokacin ai Boko Haram ta hana shiga garuruwa, kai ma ka sani.

Anti Nas: Ni abin da ke ƙona min rai a duk irin wannan hirar, sai a ce wane ya kawar da shan inna, wane ya kawar. Wa ya ɗauki akwatin ƙanƙara a kafaɗa yana shiga lungu-lungu cikin rana, ana sakar masa kare, ana watsa masa ruwan wanke-wanke? Mata ne. A watan Fabrairun 2013 aka harbe ma'aikatan rigakafi tara a Kano, Allah ya jiƙansu, yau wa ke tuna su? Da aka ayyana Afirka ta rabu da cutar a watan Agustan 2020 manya ne suka sha tafi. Haka abin yake kullum, likita ya zagaya minti goma ya rubuta ya fita, nas ta kwana a tsaye, in an tashi yabo a ce likita.

Likitan Dare: Anti da girmanki. Minti goma? Jiya tun takwas na safe nake asibiti, yanzu da nake rubutun nan ban ga gadona ba, ni kaɗai a kan ɗakin gaggawa da ɗakin yara. Ku daina raba mana kai, duk jirgi ɗaya ya kwaso mu.

Anti Nas: Jirgi ɗaya amma ku kuna gaba mu muna wajen kaya. In an zo maganar albashi da alawus ai kowa ya san yadda ake yi. Me ya sa har yau sai likita ne kaɗai zai shugabanci asibitin koyarwa?

Likitan Dare: To ga shi nan, an dawo rigimar JOHESU ta sauran ma'aikatan lafiya da NMA ta likitoci. Ni na fita daga wannan.

Baba Alhaji: Yara ku yi a hankali. Ni a sanina ci-rani yana da sharaɗi. Na ɗaya mutum ya tafi bayan girbi, na biyu ya dawo kafin shuka, na uku iyalinsa da gonarsa suna gida. Wanda ya tafi ya shekara goma ba ɗan ci-rani ba ne, wannan sai dai a ce ya yi ƙaura ko ya zama ɗan tuƙa.. kai na manta yadda muke faɗa. Amma dai ba ci-rani ba.

Gwanin Hausa: Baba ranka ya daɗe, a gafarce ni, kalmar ta faɗaɗa yanzu. Ci da rani, wato ka je wani wuri ka cinye ranin a can don abincin rumbu ya kai ka damina. Asalinta kenan. Amma ko gidajen rediyo yanzu 'yan ci-rani suke kiran masu ratsa sahara ta Agadas su tsallaka Turai, su kuwa ai ba damina suke dawowa ba.

Baba Alhaji: Rediyo ce za ta koya min Hausa? Na girmi rabin masu karanta labaran nan.

Bamaradiya: Baba ya fi ku gaskiya. Mu a nan in mutum ya tafi Libiya ko Aljeriya cewa muke ya tafi bida.

Ɗan Misau: Ku bar zancen ƙamus. Tambaya ɗaya zan yi wa masu cewa kaka yake dawowa. A watan Fabrairun 2023 aka sanar shi ne zai shugabanci Gavi, ƙungiyar rigakafi ta duniya da ke Janeba, zai kama aiki a Agusta. A watan Yuni ya ce ya fasa, zai dawo gida. Kujerar da daga baya aka ba wa Sania Nishtar 'yar Pakistan. Albashi da dala, ofis a Suwizalan, ba yajin aiki ba zagin 'yan Facebook, ya bari ya zo ya karɓi ma'aikatar da kowa ke kuka da ita. Wane ɗan ci-rani ne ke barin inda ake samu ya dawo inda ake fari? Wannan sadaukarwa ce.

Na Aminu Har Gobe: Sadaukarwa!! Kai jama'a. Kujerar minista ce sadaukarwa? To Allah ya ba ni irin wannan sadaukarwar in yi ta yi har in mutu. Kuma ka manta a watan Yulin 2013 yana ƙaramin minista ya ajiye aiki ya tafi koyarwa a Duke? A lokacin sadaukarwar tana hutu ne?

Ɗan Misau: A ƙasar da mutum ke manne wa kujera sai an ɓamɓare shi, wanda ya ajiye da kansa shi ne abin zargi? Kai dai faɗi gaskiya, haushin PRP ne ke cinka.

Na Aminu Har Gobe: Eh ɗin, kuma ba zan ɓoye ba. A 2019 ya zo ya yi takarar gwamnan Bauchi a jam'iyyarmu ta talakawa, muka yi ta yawo da fosta a kan babur da man aljihunmu, Bala Mohammed Ƙaura ya ci zaɓe. Kafin 2023 sai ga shi a APC yana neman tikiti, a zaɓen fid da gwani Sadique Abubakar ya kayar da shi. Ko a jam'iyya ma ci-rani ya yi mana.

Katagumawa Dikko: Wa bai canja jam'iyya ba a jihar nan? Shi Ƙauran daga ina ya faro? Maganar da kuke gudu ita ce, tun 1999 Mu'azu, Yuguda, M.A., Ƙaura, dukansu daga Bauchi ta Kudu. Mu rabonmu da kujerar tun Tatari Ali a jamhuriya ta biyu. Ko Pate ko Sadique, duk wanda ya fito daga wajen shiyyar nan sai an nemo masa suna. Yau ɗan ci-rani, gobe wani abu.

Yarima Na Bauchi: Ƙuri'a ake ƙirgawa ba shiyya ba. Ku haɗa kanku mana, wa ya hana ku? Misau da Azare ma kun taɓa jituwa?

Ɗan Misau: Kar ka shigo da wannan.

Sabon Shiga: Ni dai na ga wani bidiyo da aka ce duk allurar nan da ake kawowa akwai wata manufa a ciki, ku bincika.

Anti Nas: Kawo bidiyon.

Sabon Shiga: Na goge, wayata ta cika.

Anti Nas: To ka goge maganar ma. Irin wannan jita-jitar ce ta sa aka dakatar da rigakafi a Kano a 2003, yaran da suka shanye a lokacin yanzu magidanta ne, wasu kana ganinsu a kan keken guragu a bakin danja.

Likitan Dare: Na ce na fita amma bari in dawo, tunda ba wanda ya amsa wa mai shayi. Ɗan'uwa, shirin da ka ji a rediyo gaskiya ne an sanar da shi, amma ta hannun hukumar inshorar lafiya ta ƙasa yake tafiya, a asibitocin da aka tantance aka sa cikin shirin, kuma don mata marasa ƙarfi. Ba kowane asibiti ba ne. Sannan asibitin gwamnati kala uku ne, na koyarwa da cibiyoyin tarayya su ne na Abuja, janar-janar na gwamnan jiha ne, ƙananan na unguwa kuma jiha da ƙaramar hukuma. In janar ka je, man janareton nan gwamnanka za ka tambaya. Laifin da nake gani na ma'aikatar shi ne an yi shelar da ƙarfi, bayanin ina da ina kuma a hankali. Mu ne muke shan zagin a bakin tiyata. Kuma in ana maganar masu hawa jirgi, shi ministan da bakinsa ya ce likitoci kusan 16,000 sun bar ƙasar nan cikin 'yan shekarun nan. A ajinmu waɗanda ke Saudiyya da Ingila sun fi waɗanda suka rage.

Na Aminu Har Gobe: Ka ga ni ba! Ma'aikatar 'yan ci-rani, shugabanta ɗan ci-rani.

Bamaradiya: Kun dai dawo kan kalmar nan ko.

Admin: To jama'a dare ya yi, zan rufe zaren. Abin da na fahimta a taƙaice, kusan kowa ya yarda kalmar ɗan ci-rani ba ta dace da Chigarin Misau ba, kamar yadda Baba Alhaji ya warware mana a ilimance. An tabbatar da alƙaluma cewa shi ya karya lagon shan inna, kuma ya bar babbar kujera a Janeba saboda kishin ƙasa. Likita ya nuna matsalar mai shayi ta gwamnatin jiha ce. Masu ɗan ƙorafi kuwa sun amsa da bakinsu cewa haushin siyasa ne. Allah ya sa mu dace.

Malamin Lissafi: Admin ina 122 ɗina ta shiga?

Na Aminu Har Gobe: Kusan kowa wai. Admin a faɗa wa mutane kai ɗan wace ƙaramar hukuma ne mana.

Admin: Dambam ba Misau ba ce.

Katagumawa Dikko: Masarauta ɗaya dai aka fito.

Mai Shayin Tasha: Na je kai wa maijego ruwan zafi na dawo na tarar da saƙo sama da ɗari. Ba wanda ya tambaya ko ta tashi. Ta tashi alhamdulillah, an samu mace, suna ranar Laraba. Likita don Allah in na je asibitin gobe wane ofis zan tambaya ko suna cikin shirin nan, ko za a dawo min da wani abu in karɓo babur ɗina?