Corolla ta ƙi lafiya, har kwamfuta na jona mata

Ɗan Aboabo: Salamu alaikum jama'a, don Allah a taimaka min kafin yayana ya kira. Corolla ce 2005, shi ya aiko ta daga Amurka, tun da na je Tema na ɗauko ta nake tasi da ita tsakanin Kejetia da Tafo, duk sati in kai wa tsohuwarmu kuɗin cefane sauran in tara masa, to yau sati uku ban tara ko sidi ɗaya ba kuma matarsa ta fara kirana wai gaisuwa ce kawai, ni na san ba gaisuwa ba ce. Wutar cek injin ta kama, da asuba in na tashe ta sai karkarwa kamar mai masassara, in ta ɗau zafi ta lafa. Na canza fulogi, na canza famfon mai a Suame Magazin. Da na gaji na sayi wayar Mini VCI mai jona mota da kwamfuta na sa Techstream, manhajar duba Toyota, a laftof ɗin ƙanwata, ta ba ni lambar matsala P0171. Na goge, kwana biyu ta dawo.

Masta Fita: Wa alaikumus salam. Yaro, gasket ɗin manifol ne. Injin 1ZZ ne a cikinta, robar nan in ta tsufa tana sandarewa da sanyi, iska ta riƙa sata ta shiga, in injin ya yi zafi ta ɗan toshe. Ka fesa kabureta kilina a gefen manifol da safe tana aidil, in muryar injin ta canza shi ke nan. Ba sai da laftof ba.

Mai Wayarin Asawase: Masta da girmanka, amma tunda yana da Techstream ai asara ce ya tsaya a lamba. P0171 cewa kawai take iska ta fi mai yawa, ba ta ce ga mai laifi ba. Ɗan'uwa shiga Data List ka duba Long FT, wato yawan man da kwamfutar motar ke ƙarawa ko ragewa. In ya yi sama sosai a aidil, ka taka zuwa 2500 ya sauko, iska ce ke sata. In sai ka taka yake hawa, duba MAF, sensar auna iskar da ke shiga injin, ko famfon nan da ka sa. Nawa ya nuna maka?

Direban Sprinter: Ni dai na daina yarda da masu kwamfutar nan. Wani ya jona wa trotro na, ya karɓi kuɗina, ya goge wuta, ban kai Ejisu ba ta dawo, fasinja cike da mota ana ta zagina. Har yau ba ya ɗaga wayata.

Masta Fita: Ka ji ko. Mu da muka koyi aiki muna haɗa TE1 da E1 na soket ɗin gwajin mota da guntun waya mu ƙirga ƙiftawar wuta, ba mu kashe motar kowa ba.

Mai Wayarin Asawase: Wancan na motocin kafin 1996 ne Masta, tasa soket mai rami 16 gare ta a ƙarƙashin sitiyari.

Ɗan Aboabo: Famfon lafiyarsa lau, hom yus ne, wato na hannu daga waje, gabana aka gwada shi. Kuma gasket ɗin ban ga mai yana zuba ba.

Masta Fita: Wa ya ce maka mai? Iska na ce! Ana ganin iska?

Mai Wayarin Asawase: Kuma ka daina gogewa, kana share freeze frame ne, shi ke nuna halin da injin yake lokacin da wutar ta kama. Har yanzu ba ka faɗi lambar Long FT ba.

Ɗan Aboabo: Ai dole in goge, fasinja na ganin wutar suna tambaya. Wani a tasha ya ce sensar oksijin ce, gobe zan je Magazin in ji farashi. Laftof ɗin kuma ƙanwata ta tafi da ita makaranta sai Juma'a.

Direban Sprinter: Af, akwai mai lambar wani amintacce mai duba Benz?