Taƙaitawa: ɗaukar fim ɗin kwaɗi a Damagaram

Jama'a, ga abin da na tattaro daga muhawararmu kan yadda ya fi dacewa a ɗauki fim ɗin kwaɗi.

1. Kowa ya yarda lokacin aiki shi ne daren da ya biyo bayan ruwan sama mai ƙarfi, daga Yuli zuwa Agusta. Da rani wasu kwaɗin suna binne cikin ƙasa.

2. Sauti ya fi hoto wuya. Maza ne ke kuka don kiran mata, amma a tafkunan cikin gari ƙarar babura tana danne su. Da yawa sun ce a naɗi sautin daban, ko a fita wajen garin Mirriya ko tafkin Gidimuni, gabas da Damagaram.

3. Kan haske aka rabu. Wasu sun ce tocila mai ƙarfi ce ke fito da maƙogwaron kwaɗo yana kumbura kamar balan-balan. Wasu sun ce tana sa kwaɗo ya yi shiru, gara a rufe ta da jan ƙyalle. Ni ina tare da na biyun.

4. Kada a taɓa kwaɗin da hannun da aka shafa wa maganin sauro, don suna numfashi ta fata.

5. A sa takalmin roba, don macizai ma farautar kwaɗin suke. A kuma sanar da mai unguwa kafin a fita da dare.