Taƙaitawa: Fim Mai Gauraya Gaskiya da Ƙirƙira

Ga abin da na tattaro daga muhawararmu kan fim ɗin da manoman ƙauyukan Ringim ke fitowa a matsayin kansu, alhali labarin ƙagagge ne.

1. Mafi yawa sun amince cewa sai an nemi izinin dagaci da magidanta kafin a kunna kyamara.
2. An tunatar cewa Bafaranshe mai shirya fina-finai Jean Rouch ya gwada wannan salo da 'yan Nijar tun shekarun 1950.
3. Ra'ayi ya rabu kan sanar da mai kallo: wasu sun ce ƙin bayyana inda wasa ya fara yaudara ce, wasu suka ce ruɗanin ne armashin aikin. Na fi karkata ga na farko, domin wanda aka nuna yana jinginar da gonarsa da wasa, a kasuwa za a ɗauka da gaske ne.