Muhawara: ɓoye fuskar mai ba da shaida ya isa kariya?

Malam Habu: Ni a ganina, mai ɗaukar fim kan take haƙƙin ɗan'adam idan ya dusashe fuskar wanda ya yi masa bayani, ya sauke nauyin da ke kansa. Tun 2012 YouTube ma ta saka hanyar yin hakan.

Hajiya Rabi: A'a Malam Habu, da sauran aiki. Ai mai farautar wanda ya ba da shaidar ba baƙo ba ne, wanda ya san shi ne. Murya ta ishe shi, ko tabon hannu, ko zobe, ko wata ƙofa da ta fito a bayansa. Dusashewar ma iri-iri ce: a 2007 ƙwararrun 'yan sandan Jamus sun warware hoton da aka murɗe fuska a ciki, aka gane mutumin. Baƙin tambari mai rufe kai gaba ɗaya ya fi aminci. Kuma a bi firam, wato hotunan da ke haɗuwa su zama bidiyo, ɗaya bayan ɗaya. In kyamara na ɗaukar 25 a daƙiƙa, minti guda 1,500 ke nan, ɗaya ya kuɓuce lokacin da mai shaidar ya juya kai, shi ke nan an tona masa asiri. Sauya kaurin murya da manhaja kuwa ana iya mayar da shi, gara wani ya karanta maganar.

Malam Isa: Hajiya ta yi gaskiya, amma haɗari mafi girma yana cikin asalin fayil, mai fuska a fili, da kwanan wata, wani lokaci har da GPS mai nuna wurin da aka ɗauka. Kuma bai kamata a goge shi ba, don shi ne hujja. A 2017 Kotun Hukunta Manyan Laifuka ta Duniya ta ba da sammacin kama Mahmoud al-Werfalli, wani kwamandan soji na Libiya, bidiyoyin da aka ɗora a intanet na cikin abin da ta dogara da shi. Don haka a cire kati daga kyamara, a yi kwafi biyu a ma'ajiya mai kulle, a ajiye su wuri daban-daban, a fitar da lambar SHA-256, wadda manhaja ke lissafowa daga fayil, da za ta nuna ba a taɓa fayil ɗin ba. Sunayen shaidu kada su zauna tare da bidiyon. Kada kuma a tura asali ta WhatsApp yadda aka saba, matse shi take yi ta zubar da bayanansa.

Malam Habu: To na ji. Amma in an rufe fuska, an canza murya, masu laifin za su ce shiri ne. Akwai uwar da take so duniya ta ga idonta tana kiran sunan ɗanta. Wa ya isa ya hana ta?

Hajiya Rabi: Babu mai hana ta, Malam, haƙƙinta ne. Sai dai a faɗa mata ƙarara cewa wanda ya kashe ɗan nata zai iya kallo, kuma abin da ya hau intanet ba ya dawowa. Bayan an gama tacewa a koma a nuna mata sashenta, a sake tambayarta kafin a saki fim ɗin.