Wace kalma za mu ba "sitkom" da Hausa?

'Yan uwa, ku taya ni. Jiya ina ba ƙanwata labarin wani tsohon shirin BBC, Till Death Us Do Part, wato sai mutuwa ta raba, wanda aka nuna daga 1966 zuwa 1975, sai ta ce min wane irin wasa ne. Na ce wasan barkwanci. Tun kafin in rufe baki na ji kalmar ba ta cika ba, don irin wannan shiri "sitkom" Turawa ke ce masa.

Alf Garnett, tauraron shirin, lebura ne a tashar jiragen ruwa ta gabashin Landan, talaka futuk, amma ya mutu a kan jam'iyyar 'yan mazan jiya da gidan sarauta da kulob ɗin West Ham. Mijin 'yarsa, Mike, ɗan Libaful ne kuma ɗan jam'iyyar Leba, a gidan surukin ma yake zaune. A wurinmu ido ba ka iya haɗawa da surukinka, shi kuwa kullum suna ɗaga wa juna murya a kan siyasa a gaban uwargida Else, ita tana jefa tata maganar a tsakani. Johnny Speight ya rubuta Alf ne don a yi wa ƙabilancinsa dariya, duk da wasu masu kallo sun koma tafa masa. Amurkawa sun ari salon a 1971 suka yi nasu.

To ina barkwanci kaɗai zai ɗauki wannan? Ɗan kama ma barkwanci yake yi. Abin da ya bambanta sitkom shi ne mutanen ba sa canzawa, ɗakin ba ya canzawa, mako na zagayowa rigima ta dawo sabuwa.

Da farko na so "barkwancin tsakar gida". Tana da daɗi a baki. Amma yayana ya tuna min Samanja, wanda a bariki ake yinsa, ga kuma na Turawa da ake yi a ofis da shago. Gaskiyarsa ce, na janye.

Inda na tsaya yanzu shi ne "barkwancin zaman tare". Zo mu zauna zo mu saɓa, ai kan haka aka gina shi, ko gida ne ko bariki. Mutanen rediyo da malaman Hausa, ta yi tsawo a bakin mai gabatarwa, ko za ta shiga?