Shawarwarin Waɗanda Suka Zaga Dandalin Duomo na Fulorens

Waɗanda suka taɓa bin ɗan jagora a dandalin babbar majami'ar Fulorens, wato Duomo, a Italiya, bakinsu ya zo ɗaya kan abu guda: a tabbatar tun kafin a biya ko kuɗin ya haɗa da hawan ƙubba. Zagaye da yawa a waje kawai yake ƙarewa. Ƙubbar da Brunelleschi ya gina, aka kammala a 1436, sai an kama lokacin hawanta tun da wuri, kuma matakala 463 ne, da ƙafa ake hawa, hanyar matsattsiya. Mai ciwon gwiwa ya haƙura. Wasu sun fi son hasumiyar Giotto, wato hasumiyar ƙararrawar majami'ar, mai matakala 414, domin daga can ne ake ganin ƙubbar kanta, ni ma nan na karkata.

Shiga majami'ar kyauta ne, amma layin na da tsawo, kuma sai an rufe kafaɗa da gwiwa.

An sha nanata cewa ƙofofi masu ruwan zinariya da jama'a ke ɗauka hoto a ɗakin baftisma, da ke gaban majami'ar, kwafi ne. Ainihin aikin Ghiberti, wanda ya ƙera ƙofofin, yana gidan tarihi na Opera del Duomo, bayan majami'ar, don haka a nemi jagoran da zai kai mutum ciki.